Mai Waldan da Gwamnati Ta Binne

A takardun gwamnati, mai walda ne ya mutu, ba ƙanensa ba. Ranar da ƙanen ya cika a asibiti, akawu ya ce a kawo katin shaidar mamaci. Mai walda yana riƙe da katunan biyu, idonsa ba ya gani sosai don hawaye, ya miƙa nasa.

Bai san ta'asar da ya yi ba sai da ya je sabunta lasisin shagonsa. Matar da ke bayan kanta ta dubi kwamfuta, ta dube shi.

"Baba, a nan ka rasu."

"To, Allah ya jiƙaina. Buga min hatimin in tafi, na bar ƙofar mutane a kan benci."

Ba ta yi dariya ba. Ta ce rajistar mutuwa ba ta gyaruwa sai da umarnin kotu. Kafin wata ya ƙare an zo an garƙame shagon da kwado, injin da ƙarafunan mutane duk suna ciki.

Ya ɗauki lauya, ya maka ofishin rajista a kotu. Aka yi ta ɗage zama, yau fayil bai iso ba, gobe lauyan gwamnati yana wata kotun. A baranda ne lauyansa ya gaya masa inda ƙayar take. Marigayin ma'aikacin hukumar ruwa ne, matarsa da 'ya'yansa huɗu suna gidan ma'aikata har yanzu, don babu takardar mutuwar da za a kore su da ita. Ana gyara rajista, takardar za ta fito. Kuma alƙali ba zai gamsu ba sai matar ta tsaya ta faɗi wanda aka binne.

Mai walda ya same ta tana wanki a bakin famfo. Ya tsuguna, ya faɗa mata komai, bai rage ba.

"Yaya, wato in je in rantse a fitar da ni ke nan."

"Ba zan tilasta miki ba."

"Amma ai ka zo." Ta matse riga ta jefa a bokiti. "Yaran gidanka me suke ci tun da aka rufe shagon?"

Ya sunkuyar da kai, yana kallon kumfa tana bin magudana.

Ranar zama, matar ta zo da ƙaraminta a goye. Lauyan gwamnati ya tambaye ta ko ta san abin da shaidarta za ta jawo mata.

"Na sani, ranka ya daɗe. Mijina ne ya mutu. Wannan wansa ne, ga shi nan zaune."

Alƙali ya ba da umarni. Aka cire kwadon, mai walda ya kunna injinsa, masu ƙofofi suka dawo suna masa ba'a, wai fatalwa ta fi iya aiki.

Hukumar ruwa kuwa ba ta ɓata lokaci ba, ta aiko wa matar takardar tashi daga gidan. Mai walda ya ce ta dawo gidansa, ta ƙi, ta ce ɗaki biyu ba zai ɗauke su duka ba. Shi ya kwance gadon ƙanensa da hannunsa, ya ɗora a mota. Ta koma wurin mahaifiyarta da ƙananan biyu, manyan aka raba wa dangi, babbar kuma ta bar makarantar 'ya'yan ma'aikata saura shekara guda ta gama.