Yafiyar Malam Sirajo

Ummukulthum tana zaune a ɗakin ciki, cikin takaba, lokacin da muryar Malam Sirajo ta cika falon gidansu na unguwar Wangsa Maju. Shi ne jami'in da hukumar tallafin karatu ta jiharsu ta ajiye a Kuala Lumpur, kuma bai bari an shafa addu'ar ukun mijinta Abdulgani, ɗalibin da hukumar ta turo karatu, ba sai da ya yi jawabi.

"Mu dai mun yafe masa, duniya da lahira," in ji shi, har da shessheƙa. Maza suka amsa da amin.

Mutumin da ko sau ɗaya bai leƙa asibiti ba duk watannin da aka yi ana wa Abdulgani wankin ƙoda! Ta dai danne zuciyarta, ta ce ko ba komai ya faɗi alheri.

Ana fara rabon shinkafar da ɗalibai suka sayo a ƙunshe daga unguwar Kampung Baru, sai ga shi a bakin labule da faranti a hannu.

"Maman Khaulah, ya haƙuri?"

"Da godiya, Yallaɓai."

Ya rage murya. "Kuɗin asibitin nan da hukuma ta biya, ƙa'ida ta ce a cire daga abin da ya bari kafin a raba gado. Na ji yana da fili a gida. In aka sayar, shi ke nan."

Filin nan shi kaɗai Abdulgani ya bar wa 'yarsa Khaulah. Takaici ya turnuƙe ta.

"Ba yanzu ka ce kun yafe masa ba?"

"Haba, wannan ai maganar zaman makoki ce. Ni na yafe. Gwamnati kuwa ba ta yafiya."

"Ba 'ni' ka ce ba, Yallaɓai. 'Mu' ka ce. Kai da wa?"

Ya yi 'yar dariya, irin wadda ake yi wa yaro, ya kai loma baki.

Ta miƙe. Matan da ke ɗakin suka riƙo mayafinta, ta fizge, ta yaye labulen gaba ɗaya.

"Jama'a, ku ɗan dakata da cin abinci," ta ce. "Malam Sirajo ya zo karɓar yafiyarsa. Ku ba shi wuri ya tsaya inda ya tsaya ɗazu, ya faɗa muku da bakinsa, ku ma ku karɓi amin ɗinku."

Duk idanu suka koma kansa, shi kuwa lomar tana bakinsa, ta ƙi haɗiyuwa.