Faifan da Ya Biyo ta Hawaii

Na daɗe ina bin 'yata Rebecca da kaba da basilla, ta ƙi ko kallonsu. A gidanmu na Wusasa babu macen da ba ta iya saƙa faifai ba, daga kakata har kaina, kuma ban ga dalilin da zai sa abin ya tsaya a kaina don kawai muna zaune a unguwar Hulme ta Manchester, a Ingila, ba. Ita kuwa da na zaro kaba sai ta tuna tana da aikin makaranta.

Kabar ma ba a banza nake samunta ba. Ƙanena Choji ke sa a taho da ita daga gida, ni kuma in hau mota tun daga Manchester har unguwar Sparkbrook ta Birmingham in karɓo, bayan na gama aikin kula da tsofaffi ƙafafuna a kumbure. Da ina koya wa yaran cocinmu ranar Asabar a wani ɗakin taro na unguwa. Shekarar da hukuma ta shiga tsuke bakin aljihu aka rufe ɗakin, yaran suka watse. Saura Rebecca, wadda da ma ba ta taɓa zuwa ba.

Wata Asabar sai ga ta da wani abin hannu na ganye, tana ta juya shi a gabana.

"Mummy, look! Ni na saƙa. It's ancient, you know."

Wai a laburaren da ya tsira daga rufewa akwai wata ɗalibar jami'a, Kanoe, 'yar Hawaii, tana koyar da saƙar ganyen wata bishiyar ƙasarsu. Rebecca ta yi wata guda tana zuwa ban sani ba. Yarinyar da ke cewa kaba na yanka mata yatsa! Raina ya ɓaci ƙwarai, har tuwon da nake tuƙawa ya yi gudaji.

Na ɗauki faifaina mafi kyau na tafi laburaren ranar da na san Rebecca ba ta nan, da niyyar in ga wannan mai ƙwace 'ya'yan mutane. Na tarar da wata doguwar mata ita kaɗai tana share guntayen ganye. Ganyenta ya kusa ƙarewa, kuma an ce mata babu sauran tallafin kawo wani. Ta karɓi faifan ta juya shi, ta daɗe tana bin zagayen da yatsa. Sannan ta ce ita ma ƙanwarta a can gida ta ƙi koyo, sai rawar Koriya take bi a waya.

Faɗan da na zo da shi ya rasa wurin sauka. Na yi tsaki na ce, "To zauna. In a bakinki 'yata za ta ji, sai ki ji a nawa tukuna."

Haka na riƙa zuwa a ɓoye kamar mai aikata laifi, ina koya wa baƙuwa yadda ake jiƙa kaba, a tsaga ta, a naɗe ta kan ciyawa ana zagayawa. Kabar da na sha wahalar ɗaukowa daga Birmingham kusan duk na juye mata. Hannunta na da kyau, ba zan ci haƙƙinta ba. Na roƙe ta kada ta ambaci sunana.

Ana gab da Kirsimeti Rebecca ta shigo da ɗan faifai karkatacce kamar an zauna a kai. Ta ajiye jaka ta tsaya a kaina.

"Mummy, kin san wannan daga Nigeria yake? Kanoe ta ce from the north. Our side! Me ya sa ba ki taɓa gaya mana ba?"

Na ɗaga kai. Faifai huɗu ne rataye a bangon bayanta, tun tana rarrafe suke nan.

"Kina da kaba?" ta ce. "Kawo in nuna miki."

Na ɗauko ragowar na zauna, na kama basilla yadda kakata ta kama.

"No, Mummy, ba haka ake riƙewa ba."

Na miƙa mata hannuna ta gyara.