Sunan da Inna Ta Ƙi Kira

Daren jiya wani mafarki na yi, kuma har yanzu raina bai gama hucewa ba.

Ga ni tsaye a wani gari da ake ce wa Karkace. A garin nan rijiyoyi a kan rufin ɗaki suke, kaji ne ke korar mutane daga kan shanyar gero, ruwan sama kuwa daga ƙasa yake tsattsafowa ya tafi sama. Ban yi mamakin komai ba. Abin da ya dame ni kawai sanyi, ga ni da zane ɗaya.

Sai sama ta buɗe. Wani koren haske mai jan baki ya zubo tun daga gabas har yamma, yana kaɗawa kamar zannuwa a kan igiya ranar iska. Wata tsohuwa mai gemu tana zaune kusa da ni, tana firfita wa ƙanƙararta don kada ta huce, ta ce, "Baƙuwa ce ke? Shanya ke nan. Sau ɗaya take fitowa a shekara bakwai, matattu ne ke leƙowa ta cikinta. Wanda nasa ya kira sunansa, ruwa ya ɗauke shi ya je su gaisa. Da zakara ya yi haushi za a naɗe ta."

Na ɗaga kai, sai ga Inna. Shekara goma sha ɗaya da rasuwarta, amma ga ta zaune a cikin koren nan, da mayafinta a kafaɗa, tana tsintar shinkafa a faifai.

Sai ga ni a ofis. Wani bunsuru da tabarau yana bayan tebur, akuyoyi biyu suna buga masa takardu da kofato.

"Suna?"

"Lantana."

"Wa gare ki a sama?"

"Mahaifiyata. Ga ta can, ku ɗora ni a ruwan."

"Ta kira ki?"

"Ba za ta kira ba, ranka ya daɗe. Ni ce 'yarta ta fari."

Na tsaya na yi masa bayani tiryan-tiryan, ni da girmana ina yi wa bunsuru bayani. A wajenmu uwa ba ta faɗar sunan ɗan fari, kunya ce. Tun da na buɗe ido a duniya, daga "ke" sai "waccan" sai "yarinyar nan". Ya saurara da kyau, ya rubuta komai, ya buga hatimi, sannan ya naɗe takardar ya cinye.

"An karɓi ƙorafinki," in ji shi, yana tauna. "Amma doka ba ta san kunya ba. Suna ta sani."

Na ce masa Allah ya isa. Ya ce wannan ma sai na rubuto.

Sai ga ni a wani fili cike da jama'a. Sunaye na ta saukowa daga cikin hasken, kowanne da muryar mai shi. An kira wani dattijo, ruwa ya ɓuɓɓugo a ƙarƙashinsa ya yi sama da shi, yana kuka yana dariya. An kira wata mata da kaskon tuyarta a hannu, ita ma ta wuce. Na roƙi tsohuwar nan mai gemu ta kira ni ko ruwan zai ruɗe. Ta kira. Ruwan ya ɗaga ni iya gwiwa, ya sansana muryar, ya yar da ni a caɓi.

Can na ji Inna ta yi gyaran murya. Na kasa kunne.

"Sallau!"

Sallau fa! Ƙanena, wanda sau biyu rak ya leƙo duk tsawon jinyarta, shi ma a tsaitsaye. Ruwa ya taso, ya jira, bai ga kowa ba, ya tafi sama wayam.

"Gaje!"

Ita kuwa autarmu ko kunu ba ta taɓa dama mata ba. Nan ma ruwan ya tafi ba kowa. Raina ya ɓaci, ɓacin da ban taɓa yin irinsa ido biyu ba. Na ci ɗamara na shiga tsakiyar fili.

"Inna! Ga ni nan! Wata tara wa ya yi ta juya ki a kan tabarma? Wa ya wanke ki, wa ya rufe miki ido? Har a nan ma kunyar ce? Kunyar wa kike ji, awaki?"

Ta kau da kai gefe, yadda ta saba in ana zancena. Hasken ya yi ja, ya koma kore.

"Ke," ta ce, "kin rame."

"Ba ramata ta kawo ni ba. Harafi nawa ne a cikin sunana? Ki faɗa sau ɗaya, in zo in taɓa hannunki, shi ke nan."

"Gyara ɗankwalinki, mutane na kallo."

Daga nesa zakara ya fara gwada haushi. Akuyoyi suka jera a kan tsani, suka kama bakin hasken ta yamma suna naɗewa, wasu har suna gutsura. Duhu ya fara cin filin. Na yi ihu har muryata ta dishe, na ce na tsani wannan kunya, na tsani wanda ya fara ta.

Inna ta ajiye faifan. Ta yi ƙasa da murya.

"Ai ina faɗa. Kullum in kin yi barci ina faɗa."

"To ban ji ba! Yanzu nake so, ina ji!"

Ta dubi dama, ta dubi hagu. Ta ja gefen mayafi ta kare bakinta. Ruwa ya fara motsi a ƙarƙashin tafin ƙafata, mai ɗumi. Leɓenta ya buɗe.

Gur-gur-gur! Gur-gur-gur!

Babur ne. Ɗana na fari ke ta bugunsa a tsakar gida ya ƙi tashi, ga rana har ta fito. Na diro daga gado a fusace, na ɗaga labule. Ga shi nan durƙushe, magidanci da gemunsa, hannu duk baƙin mai. Shekara ashirin da takwas bai taɓa jin sunansa a bakina ba. Sunan ya taso har kan harshena, na buɗe baki.

"Kai, wannan," na ce, "ka karya kuwa?"

"Sai na dawo, Umma."

Babur ɗin ya tashi, ya fice. Na koma na zauna a bakin gado, na rasa da wa zan yi faɗa.