Aljihun Hanta

Dajinmu ayaba ce a cikin tukwane, a bayan kamfanin fim a Kalifoniya. In an gama fim ɗin dajin Afirka sai a jujjuya tukwanen, ya koma na Indiya. Ni Orpha tela ce, ni ke ɗinka kayan mafarauta na fim, kuma kowace rigar ɗan wasanmu Wendell Haskew sai na yi mata ɓoyayyen aljihu mai shafin roba, na zuba hanta.

Hantar ta Kanar ce, tsohon zakinmu. Aikinsa guda ne, ya kuwa fi wasu 'yan wasan iya nasu. A buɗe keji ya rugo, Wendell ya harba bindigar da babu komai cikinta sai ƙara, shi kuma ya zube kamar matacce. Ba zai motsa ba sai Wendell ya kai masa hanta bakin hanci. Haka Wendell ya yi ta kashe shi fim bayan fim. Wata rana, lokacin Kanar na da ƙuruciya, ya haɗa hantar da yatsun Wendell biyu. Tun daga nan Wendell ke sa safar hannu, kuma bai ƙara kiransa da wani suna ba sai ɓarawon yatsu.

Da mai zakin da ke ba mu hayarsa ya rasu, matarsa ta sayar wa kamfani da shi. Mai ba da umarni, Mista Pruitt, yana kan wani fim na mafaraucin da ke bin zakin da ya cinye ƙanensa. Ya tara mu ya ce 'yan kallo sun waye, mutuwar gaske suke so su gani. Kanar dai haƙoransa sun zube, sai ci. Za a ɗora maharbi a kan bishiya, da zarar zakin ya kai wani farin dutse da aka ajiye, sai a sakar masa harsashi.

"Wendell, yau za ka rama," in ji shi, yana dariya. "Orpha, ki huta da aljihun nan."

Raina ya ɓaci. Na yi rigar babu aljihu. Ina cikin guga Wendell ya leƙo.

"Ina aljihuna?"

"An ce ba a bukata."

"Ke Pruitt kike yi wa ɗinki ko ni? Sa min abina, mafaɗaciya."

"Ka je ka ba Kanar sauran yatsun ukun," na ce, amma hannuna har ya kai ga allura.

Da rana ta yi sanyi aka kunna na'urar ɗaukar hoto, aka buɗe keji. Kanar ya fito da ɗan gudunsa na tsofaffi, yana nufar mutumin da ya saba. Wallahi na so in rufe ido. Bai ko kai kusa da dutsen ba Wendell ya harba. Kanar ya ji ƙarar da ya sani, ya zube.

"Ka yi sauri da yawa!" Pruitt ya daka tsawa. "Ku tayar da shi."

Wa zai tayar? Masu keji suka yi ta fito, suka bubbuga ƙarfe, Kanar ko kunne bai kaɗa ba. Wendell ya yar da bindiga, ya tako a hankali, ya durƙusa ya rungume kan zakin, bayansa ya ba bishiyar. Mai ɗaukar hoto dai bai tsaya ba.

"Tashi daga nan, mu sake," in ji Pruitt.

"A sake, yallaɓai. Nan zan sake durƙusawa. In kana da wani mai fuskata da zai ƙarasa maka fim ɗin, kira shi."

Maharbin ya sauko, ya ce shi ba a ɗauko shi ya harbi mutum ba. Pruitt ya yi jifa da hula, ya zagi Wendell, ya zage ni, har ayabar bai bari ba. Da aka wanke hoton ya ga mafarauci rungume da abokin gabarsa, hawaye na bin kumatunsa, sai ya ce ai dama haka ya tsara ƙarshen. Kanar kuma aka bar shi a kejinsa. Wendell ne dai Pruitt bai ƙara saka shi a fim ba.

Amma abin da ya tsaya min shi ne bayan an kashe na'urar. Kowa ya watse, Kanar na nan kwance yana jiran ladansa. Wendell ya cire safar, ya zura yatsun nan uku a aljihun da na ɗinka masa, ya ciro hantar.

"Tashi, ɓarawon yatsu," ya ce. "Ka mutu da kyau."

Kanar ya buɗe ido ɗaya, ya karɓa da dasashi, sannan ya shiga lasar gurbin yatsun biyu.