Tsohuwar Makabartar Tsamiyar Sada

Tsamiyar Sada ba gari ba ce, gidaje ne kaɗan a bakin kanal ɗin ruwan noman rani. Ba su da mai unguwa, ba su da kasuwa. In an je Kura a ce su na Bunkure ne, in an je Bunkure a ce a koma Kura. Wani makiyayi ne, Sada, ya gaji da yawo ya kafa bukka a gindin tsamiya, 'yan uwa suka biyo shi. Da aka zo haƙa kanal sai ya tsaga ƙauyen biyu, gidaje a gabas, makabarta a yamma. Mutane suka gaji da kewayawa da makara ta gada, suka buɗe sabuwa a bayan masallaci. Tsohuwar kuwa ciyawa ta cinye ta, tukwanen da aka kifa a kan kaburbura suka narke cikin ƙasa.

Da hantsi wata tsohuwa, Tambaya, tana tankaɗe ta ji gurnanin tarakta daga yamma. Ta dakata da tankaɗen. Ɗanta Maharazu ya sha faɗa mata zai faɗaɗa gonar shinkafa bana, amma bai taɓa cewa ta wancan ɓarin ba. A can aka binne 'yarta ta fari, Indo, tun kafin a haife shi, kuma duk mazan da suka ɗauki gawar yau babu ko ɗaya a raye.

Ta yar da rariya, ta ja mayafi. Gwiwar da kullum take kuka da ita yau ba ta ji ta ba. Ta haye gada, ta tarar garma ta riga ta ci layi guda, jar ƙasa a kife. Ta shiga gaban motar ta tsaya. Direban ya taka birki yana salati.

Maharazu ya taho da gudu. "Inna, lafiya? So kike a taka ki?"

"Yayarka tana nan."

Ya san sunan Indo, amma bai taɓa tambayar inda take ba. Ya sassauta murya. "Nan fili ne, Inna. Ba a taɓa ce mini da kabari ba."

"To yau an ce maka."

Ya dubi direban, wanda wasu gonakin ke jira, ya dubi kanal ɗin da za a sako wa ruwa gobe. "Shi ke nan. Nuna mini daidai wurin, mu kafa turke, mu kewaye shi."

Tambaya ta juya. Ta yi gaba, ta dawo, ta yi hagu. Ko'ina ciyawa ce iri ɗaya. Mace ba ta bin makara. Ranar da aka fita da Indo, iyakarta bakin zaure, ta ga ƙeyar maza sun nufi yamma har suka ɓace mata. Shekara da shekaru tana yi wa yamma addu'a, tana ganin ta san wurin. Kunya da baƙin ciki suka rufe ta.

"Ina ne, Inna?"

"Ban sani ba," ta ce. "Ban taɓa zuwa ba."

Tarakta na ta gurnani. Maharazu ya daɗe yana kallon layin da garma ta ci, sannan ya kalli ƙasar da yake tsaye a kai. Ya sunkuya a hankali ya tuɓe takalmansa, ya riƙe su a hannu.

Direban ya kashe mota.