Likkafanin Ɗantala

"Ku fito, Ɗantala ya mutu!" Salmatu ce ke kururuwa a ƙofar gida, rana tsaka, ko mayafi babu.

Bilki mai tuwo ba ta ko ɗago kai daga tukunya ba. "Allah shi jiƙan shi. Wannan karon wa ya kashe shi, jandarma ko 'yan fashi?"

Kada ku ga laifin Bilki. Ɗantala mijin Salmatu ɗan fim ne mai zaman kanshi, shi ke shiryawa, shi ke fitowa, da kyamara guda, nan bakin iyaka. Duk Jibiya ba ɗan wasan da ke yarda a naɗe shi cikin likkafani, wai kiran ajali ne. Sai Ɗantala ya riƙa mutuwa da kanshi. Ya yanki farin yadi, shina aro makarar masallaci. In an ce "Kat!" sai gawa ta miƙe ta nemi fura, Salmatu ta wanke yadin ta shanya.

Ran nan ma haka aka yi a tsakar gida. Mudathir mai kyamara ya ce "Kat!" Shiru. Ya buɗe fuskar. Ƙuda ya sauka cikin idon, idon bai ƙifta ba. Mudathir ya yar da kyamara ya haura katanga.

Ga zafi, ga gawa, ba namijin da zai yi mata wanka. Salmatu ta bi gida gida. Direbobin kamiyo, manyan motocin kaya na Maraɗi, suka biyo ta suna dariya. "Hajiya, a sa mu cikin masu ɗauka mana, mun iya baƙin ciki."

Ta samu liman, Malam Zunnuraini, shina alwala.

"Na gaya ma mijinki makara ba abin wasa ba ce. Shi maido ta kafin la'asar."

"Malam, zo ka ɗauki abinka. Ɗantala na cikinta."

Ya taho da faɗanshi. Ya tsaya kan makarar. "Ɗantala, ya isa haka." Ya kama babban yatsan ƙafa ya girgiza. Bai sake shi da wuri ba. Da ya ɗago, salati ne a bakinshi.

Sannan fa unguwa ta cika, kowa na leƙen bayan katanga ko akwai kyamara. Bayan wanka Malam ya ce a nemo sabon yadi. Salmatu ta ce a bar mishi wannan, ya saba da shi.

Za su ɗauka ta ce su dakata. Ta duƙa daidai kunnen, a hankali ta ce, "Kat." Ta jira. Duk gidan ya jira, har Malam.

"Ku ɗauka," in ji ta.

Da suka fita ta zauna gindin igiyar shanya. Bahon da ta haɗa tun safe don wankin yadin na nan gabanta, kumfar na ta mutuwa kaɗan kaɗan.