Kabejin Ranar Jarrabawar Duje

A duk shekarun da na yi ina dafa wa sojan ruwa abinci a sansanin Divulje da ke bakin teku, ban ga ɗalibi mai naci irin Duje ba. Shekara shida ya yi yana zuba gawayi a wutar jirgin yaƙi, can ƙasa inda rana ba ta leƙawa, kafin a yarda ya zo koyon tuƙin jirgin sama. Jiragenmu na katako ne da zane, fiffike biyu ɗaya bisa ɗaya, a ruwa suke tashi, a ruwa suke sauka. Tashi kam Duje ya iya, sauka ce ta gagare shi. Sau biyu yana faɗuwa jarrabawa, Kwamanda Vinko ya ce in ya sake, ya koma gawayinsa.

Ranar jarrabawa ta uku teku ta kwanta luf, ko iska babu. In ta yi haka, matuƙi ba ya gane inda sarari ya ƙare ruwa ya fara, sai ya cusa hancin jirgi ciki. Kwalekwale mai inji ake turawa ya dama ruwan, shi kuwa yana kan tudu ana masa fenti.

Duje ya leƙo kicin, fuska a yamutse. "Kawu Frane, ka ce su ajiye min shebur ɗina."

"Kai tafi can, rago! Tun ba a haifi ɗa ba kana haƙa kabari?"

Bakina ne kawai, wallahi ni ma ina jiye masa tsoro. Yana tashi sama idona ya faɗa kan buhu huɗu na kabejin miyar Lahadi. Na ƙwala wa Luce mai wanki kira, don ta fi ni iya tuƙa ƙaramin kwalekwale marar inji.

"Frane, giya ka sha da safen nan?"

"Ja mu tafi, uwar surutu!"

Tana tuƙi, ina ɓare ganye ina watsawa, har muka shimfiɗa koren layi tsakiyar ruwa. Mutanen da ke gaɓa suna ta dariya, wani na ihu wai kifi ma yau miya zai sha. Ko a jikina.

Can sai ga Duje ya juyo. Ya bi layin nan yana sassautowa, Luce ta saki filafili ta rufe ido tana addu'a tana kiran Maryamu mai tsarki. Ni dai na ji shuuu, ruwa ya fantsamo mana, jirgi ya zauna daram, ganye manne a cikinsa.

Kwamanda na jiranmu a gaɓa, hannu a baya.

"Frane, ina kabejin Lahadi?"

"Yallaɓai, ya tafi aiki."

Gashin bakinsa ya motsa, amma bai yi dariya ba. "Mako guda kowa zai ci tuwon masara gaya, kuma kai za ka faɗa musu dalili." Sannan ya juya ga Duje da ke tsaye yana ɗigar ruwa. "Ni saukar jirgi aka ce in duba, kuma na gani. Gobe ƙarfe shida, jirgi na bakwai naka ne."

 Duje, ƙato guda, ya rungume ni yana kuka, ni ma na taya shi, ba kunya.